Haya ce har ranar biyan ƙarshe

Duk yaron da ke kabu-kabu a Damagaram ya san wani abu da alhazanmu da yawa ba sa yarda da shi sai ranar da ya faɗo musu. Ya san babur ɗin da ya karɓa bisa kwantira ba nasa ba ne. Ko da ya shekara yana kai kuɗi duk ranar Alhamis, ya canja taya, ya rubuta sunan mahaifiyarsa a jikin tanki, in ya yi fashin biya mai babur zai aiko a karɓi makulli, kuma a tasha ba wanda zai ɗaga kai. Abin da ya biya a baya haya ce. Sai ya kai biyan ƙarshe ake miƙa masa takardu.

To haka abin yake in hukuma ta ba ka filin masana'anta bisa haya mai ƙarewa da saye. Sai dai babur shi ake turawa a fita da shi, fili kuwa kai ake fitarwa, ka bar katanga da rumfa da tankin ruwan da ka gina da kuɗinka.

Sana'ata rubuta takardu. Mai son a rubuta wa hukuma wasiƙa da Faransanci, mai son a karanta masa sammaci, masu ciniki da ke son a sa shaidu, duk teburina suke zuwa. Irin waɗannan yarjeniyoyi sun sha bi ta hannuna, kuma kusan kullum bayan an sa hannu ake kawo mini su, ba kafin ba. Ranar sa hannu shafi biyu ake dubawa: na farko mai faɗin fili da kuɗi, da na ƙarshe mai hatimi. Na tsakiya sai wisiye, mai kai takardun kotu, ya yi sallama a ƙofar gida ake nemansu.

Alhali shafukan tsakiyan nan ba su da wuyar ganewa. Hukuma ta rage maka kuɗin fili, ta raba maka biya shekara-shekara, ba don kana da farin jini ba. So take ta ji ƙarar inji a wurin, ta ga ma'aikata suna shiga da safe, ta samu fatanti da lanho. Kai kuma ka ɗauki alkawari za ka gina cikin wa'adi kaza, ba za ka yi komai a wurin ba sai sana'ar da ka faɗa, ba za ka sayar ko ka ba wani haya ba sai da izini, za ka kuma biya a kan lokaci. In ka saɓa, a aiko maka da gargaɗi a rubuce. Wa'adin gargaɗi ya cika, yarjejeniya ta warware, fili ya koma hannun mai shi. Ba yau aka fara ba. Dokar ranar 11 ga Yuli 1959 da ta tsara filayen gwamnati a Nijar, tun kafin ƴancin kai, a kan haka aka gina ta: a ba ka na wucin gadi, ka raya shi, sannan ya zama naka na dindindin. Ba ka raya ba, a karɓe.

Labarin mutum biyu zan ba ku, maƙwabtan juna a wani jerin filaye a bakin gari. Ba zan faɗi sunansu ba, ba kuma zan faɗi ofishin da ya ba su ba.

Na farko ɗan kasuwa ne mai hannu da shuni. A takardar neman fili ya ce masana'antar bokiti da robobi zai kafa. Ya biya kafin alƙalami, ya zagaye wurin da katanga, ya sa ƙyauren ƙarfe da mai gadi, shi ke nan. Shekaru suka wuce ba a sauke ko ƙusa ba. Can sai manyan motoci suka fara kwana a ciki yana karɓar kuɗin kwana. Da gari ya matso, gidaje suka iso jikin katangar, sai aka ga wasu da igiya da turaku suna yanka wurin fegi-fegi. Asiri ya tonu ranar da wani da ya sayi fegi ya je neman izinin gini, aka ce ya kawo takardar asali.

Na biyu ƙanin mahaifiyata ne. Kawu a cikin gyaɗa ya buɗe ido, mahaifinsu mai awo ne a Matamaye zamanin da SONARA, kamfanin ƙasa na cinikin gyaɗa, ke saye, shi kuwa tun yana yaro ya san gyaɗar da ke da mai daga murza ta a tafin hannu. Ya gina rumfa, ya kawo injin matsa biyu daga Kano, ya kafa na suya da na ɓara, ya ja wuta, ya gina tanki. Samari fiye da goma suna cin abinci a wurin. Matan Garin Malam da na Kara-Kara kan zo da kwanoni da hantsi su sayi tunkuza, da yamma ka ga ƙuli-ƙulinta a bakin titi. Biya goma aka yanka masa. Ya yi bakwai bai taɓa makara ba. Na takwas da na tara suka gagara.

Takarda iri ɗaya aka aiko musu, rana ɗaya, kalmomi ɗaya. Suna da lambar fili kawai suka bambanta.

Game da na farkon ba ni da ko ɗigon tausayi, kuma ina ganin hukuma ta ma yi jinkiri. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Garin nan shi ne babban birnin ƙasa har 1926, shi ne zuciyar yankin gyaɗa. An kafa SONARA a 1962, an yi masana'antun mai a Matamaye da Magarya, an yi SOTRAMIL mai sarrafa gero a nan cikin gari. Farin 1973 da 1974 da cutar gyaɗa ta 1975 suka karya kashin bayan noman, sauran kuma suka bi ɗaya bayan ɗaya. Yau fatunmu da wakenmu da riɗinmu suna tsallaka iyaka ɗanye, mu sayo takalmi da mai a leda. Ku zagaya da la'asar ku ƙirga fadodin samari da ke zaune kan benci suna jiran shayi ya nuna. A irin wannan gari, filin da ke bakin kwalta kusa da layin babbar wuta ba shi da yawa. Wanda ya karɓe shi da sunan masana'anta ya kulle yana jiran ya yi tsada, ya tare wa wani hanya ne, kuma da rangwamen da aka yi masa daga dukiyar kowa. Tun da aka buɗe matatar man fetur ta SORAZ a 2011 na ga yadda ajiye fili ya zama sana'a a garin nan, sana'ar da ba ta ɗaukar ma'aikaci sai mai gadi ɗaya.

Da gwamnati ta janye wa kamfanin Orano na Faransa lasisin haƙar yuraniyam a Imuraren a watan Yuni 2024, bisa hujjar cewa an ba shi wuri shekara da shekaru bai fara haƙa ba, na ji ana tafi a majalisu. Wasu daga cikin masu tafin suna da nasu ƙaramin Imuraren a bakin gari, da katanga da kwaɗo.

Waɗanda suka sayi fegi a hannun mutumin su ne abin tausayi, don ba su da abin kamawa. Wanda bai mallaka ba, ba ya mallaka wa wani. Shari'ar da masana ke kafa hujja da ita a kan wannan ciniki ma a kan haka ta tashi. A Ingila ne, a 1895, shari'ar Helby da Matthews: wani ya karɓi abin kiɗan piyano bisa haya mai ƙarewa da saye, ya biya kaɗan, ya kai shi jingina. Babbar kotu ta ce ɗan haya ne, ba mai saye ba, don haka mai karɓar jingina ya mayar wa mai shi kayansa. Mutanenmu sai dai su bi ɗan kasuwar su nemi kuɗinsu, in sun same shi.

Maganar Kawu ce take hana ni barci.

Ba na cewa bai saɓa alkawari ba. Ya saɓa. Amma a duba abin da ya bi ta kansa. Najeriya ta rufe iyakarta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, shi kuwa kayan gyaran injinsa duk daga Kano suke zuwa, can kuma yake sayar da rabin tunkuzarsa. Ya daure ya biya, har da sayar da gonar gado. Sai Agusta 2023, bayan juyin mulkin 26 ga Yuli, Najeriya ta yanke wutar da take ba mu. Mu nan da Maraɗi da layin da ke zuwa daga Katsina ta Gazawa muka dogara. Injin matsa ba fanka ba ne; in ka tayar da shi da gurup, gazuwal zai cinye ribar kafin man ya huce. Ga naira ta faɗi tun Yuni 2023, jarkar man da ke shigowa daga kudu ta fi tasa araha ko da ya sayar ba riba. Ruwa kuwa ba sai na gaya wa mutumin Damagaram ba. Gari ne a kan dutse, da bazara famfo sai ya yi kwanaki bai ce uffan ba, masana'anta ta koma sayen ruwa a mota.

Akwai kuma wani tarko da ba a faɗa ranar sa hannu. Da ya je banki neman rance ya toshe ramin, aka ce ya kawo takardar mallakar fili a riƙe jingina. Ba shi da ita, don ba a ba da ita sai an gama biya. Ga gini na miliyoyi a tsaye, amma a idon banki a kan ƙasar wani yake.

Nasa laifin da na fi gani shi ne yadda ya yi da takardar gargaɗi ta farko. Na karanta masa ita a zaurensa, na ce, “Kawu, wannan wa'adi gare ta. A ba da amsa a rubuce, a nemi a sake raba bashin, a karɓo shaidar sun karɓa.”

Ya ce, “Kai dai ɗana, bar ni da su. Shugaban wurin tare muka yi makarantar allo. Zan je in gan shi.”

Ya je, an sha shayi, an ce masa kada ya damu. Kafin damina aka yi wa mutumin canjin wurin aiki. Wanda ya gaje shi ya buɗe fayil, ya tarar da gargaɗi, bai tarar da amsa ba. Da muka je tare, cikin ladabi ya ce, “Alhaji, ka yi haƙuri, ni abin da ke cikin takarda nake bi.” Kuma gaskiyarsa. Hirar zaure ba ta shiga fayil.

Don haka ban musa cewa suna da ikon karɓar filin ba. Tambayata a kan biya bakwai ɗin nan ne, da ginin. Mu yi lissafi da ƙiyasi, don a gane. A ce kuɗin fili miliyan 30 na sefa, miliyan 3 duk shekara. A ce hayar irin wannan fili, in haya ce zalla, miliyan 1 ce a shekara. Wanda ya yi shekara bakwai ya zuba miliyan 21. Miliyan 7 hayar zamansa ce, halal ga mai fili. Sauran miliyan 14 fa? Ba wanda zai biya haya ninki uku in ba don ya san kuɗin saye yake tarawa a ciki ba. Yarjejeniyar ta ce duk abin da aka biya ya zama haya, duk abin da aka gina ya bi ƙasa. Ma'ana wanda ya fi ƙoƙari shi ya fi asara. Ɗan kasuwar da bai biya komai ba sai kafin alƙalami ya rasa katanga kawai, wadda kuɗin kwanan motoci ya daɗe da mayar masa. Kawu ya rasa aikin shekara bakwai. Hukunci ɗaya, amma nauyinsa ya faɗi a kan wanda ya yi abin da aka ba da filin dominsa.

Na kai maganar wurin wani malami a Birni da nake ɗaukar karatu a wurinsa. Ya saurara, ya ce malamai sun daɗe suna ɗari-ɗari da cinikin da ya cakuɗa haya da saye a ƙulli ɗaya, saboda hukuncinsu ba ɗaya ba ne, kuma majalisar fiƙihu ta ƙasashen Musulmi da ta zauna a Riyad a 2000 ta ce a raba su: haya ta zama haya ta gaskiya, saye ya zo da nasa ƙulli daban. Sannan ya tambaye ni, “Malam, abin da ya haura hayar da aka saba, da wane suna za a ci shi?” Ya tuna mini kuma cewa a Suratul Baƙara ayar da ta ce a jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci tana dab da wadda ta ce a rubuta bashi. Mu mun riƙe ta rubutun, ita ma rabi-rabi.

Ba malamai kaɗai suka ga wannan rami ba. Ingilar da ta haifi cinikin ta ga yadda masu kaya ke jiran talaka ya kusa gamawa su zo su kwashe, sai ta yi doka a 1938: in an biya kashi ɗaya cikin uku, ba a ƙwace sai ta hannun kotu. Najeriya ta yi tata a 1965, ta sa iyakar a kashi uku cikin biyar ga motoci, rabi ga sauran kaya. Mu nan muna cikin OHADA, ƙasashe 17 masu dokar kasuwanci guda, kuma dokar jingina da aka sabunta a Lome a Disamba 2010 ta ce in mai kaya ya riƙe mallaka har a gama biya, sannan ya karɓe kayansa, sai a yi musu kuɗi a cire daga sauran bashin; in kuɗin kayan ya haura bashin, ya mayar da rarar. Sai dai duk waɗannan a kan kayan da ake ɗauka ne, mota, inji, keken ɗinki. A kan gini, wadda ta fi burge ni ita ce ta Faransa ta 1984 game da gidajen da ake shiga da haya a ƙare da mallaka. Tun ranar farko ana raba kowane biya gida biyu, wannan na zama, wannan na saye. In ciniki ya rushe, na zama ya tafi, na saye a mayar wa mai shi. Layi biyu ne a takarda. Da suna cikin yarjejeniyar Kawu, da yau ba mu san hanyar kotu ba.

Na faɗa wa wani ma'aikacin ofishin haka, wanda muke gaisawa. Ya ce in aka fara mayar da kuɗi kowa zai daina biya, kuma baitulmali ba shi da abin mayarwa. Ban yarda ba. Ba cewa na yi a sallami mai laifi da goro ba. A cire hayar shekarun da ya zauna har da waɗanda bai biya ba, a cire tara, a cire kuɗin wisiye. A kawo masani ya yi wa ginin kuɗi a gaban kowa. A sa wurin a kasuwa a fili, wanda ya saya ya biya, daga cikin kuɗinsa a ba tsohon mai wurin abin da ya rage. Ko dala ba za ta fita daga baitulmali ba. Kuma ba wanda zai zuba shekara bakwai ya bari da gangan don a mayar masa da rabi.

Abin da tsarin yanzu yake koya wa masu kuɗin garin nan shi ne kada su gina. Na ji da kunnena wani yana cewa a wurin ɗaurin aure, “Ka ga abin da ya samu Alhaji? Ni gara in sayi shinkafa in ajiye.” Wannan ita ce hasarar da ta fi ta Kawu girma, kuma ba za ta fito a lissafin kowane ofishi ba.

Sannan akwai abin da ke biyo bayan ƙwacewa, wanda a nan ake gane ko don masana'anta aka yi ko don wani abu. In an karɓi fili daga wanda ya kulle shi aka ba wanda zai tayar da inji, an yi aiki. In an karɓa aka bar shi shekara biyar awaki suna kiwo, rufin kwano yana tafiya ɗaya-ɗaya da dare, ba a yi komai ba sai ƙara kango. In kuwa aka wayi gari an yanka shi fegi-fegi an raba wa waɗanda suka san hanya, to abin da aka kori ɗan kasuwar a kansa shi aka yi, da hatimi. Shi ya sa nake son duk filin da aka karɓe a liƙa sanarwarsa a allo, a faɗa a rediyo da Hausa da Barbarci, a faɗi wanda aka ba da abin da ya ce zai yi da ranar da zai fara. Mutanen unguwa sun fi kowane sufeto sanin ko inji yana aiki a bayan katanga.

Ga wanda ke shirin sa hannu, ka kawo takardar kafin, ba bayan ba, ko wurina ko wurin wanda ya fi ni. In tsakanin ku ƴan kasuwa ne, ina sa layukan nan biyu na raba haya da kuɗin saye, ina sa yadda za a yi da gini, kuma ban taɓa ganin mai gaskiya ya ƙi ba. Ta hukuma kuwa bugaggiya ce, suna da lamba kawai ake cikewa, ba ka da ikon ƙara waƙafi. Gyaranta sai daga sama. Amma aƙalla ka shiga da ido buɗe, kuma duk takardar da ta zo ka amsa ta da takarda.

Injinan Kawu nasa ne, ba su bi ƙasa ba, an ba shi wa'adi ya kwashe. Ɗaya ya sayar wa wani mutumin Mirya ya biya samarinsa bashin albashi. Ɗayan yana bayan gidansa ƙarƙashin rumfar kwano, yana tayar da shi in an kawo wuta, mata biyu-uku suna zuwa sayen tunkuza. Lauyansa bai nemi a mayar masa da fili ba, ya ce wannan ƙofa ta rufe tun ranar da wa'adin gargaɗi ya cika. Abin da ya nema shi ne kotu ta naɗa masani ya yi wa ginin kuɗi kafin a ba wani wurin. Mun shigar da takardar, an buga mana hatimin karɓa, an ce a dawo bayan hutun alƙalai.